Fashin Baƙi: Wane Iko Mai Hannun Jari Yake Da Shi a Kan Shugabannin Kamfani?

A ƙarshen watan Maris na 2024 Babban Bankin Najeriya ya umarci bankuna su ƙara yawan jarinsu, inda ya yanka wa masu lasisin hulɗa da ƙasashen waje naira biliyan 500, masu lasisin ƙasa baki ɗaya biliyan 200, na shiyya kuwa biliyan 50, ya kuma ba su wa'adi zuwa 31 ga Maris na 2026. Da yake ya ce tsohuwar ribar da suka tara ba za ta shiga lissafi ba, hanyar da ta rage wa mafi yawansu ita ce sayar da sababbin hannayen jari, shi ya sa tallace-tallacen suka cika rediyo da wayoyin jama'a, har 'yan kasuwa da ma'aikatan da ba su taɓa kusantar harkar ba suka zuba kuɗinsu. To, wanda ya sayi hannun jarin naira dubu hamsin a banki ko a kamfanin siminti, yana da ta cewa a yadda ake gudanar da wurin? Wasu sun ɗauki abin tamkar adashi, ka zuba ka jira kwasa, wasu kuma suna ganin tunda an ce sun zama masu kamfani, suna iya shiga ofishin manaja su ba da umarni. Dukkan fahimtar biyu akwai gyara a cikinsu.

Mai dukiya daban, mai juya ta daban

Wannan tsari ba baƙo ba ne ga wanda ya san Kantin Kwari ko Kasuwar Singa. Alhaji yakan ba yaronsa jari da shago, yaron ne yake saye da sayarwa, shi yake sanin wanda za a ba bashi da wanda za a hana, Alhaji kuwa sai ƙarshen shekara ya zo a baje littafi a yi lissafi. Malaman fiƙihu sun daɗe da yi wa irin wannan hulɗa babi, wato ƙiradi, inda wani yake kawo dukiya wani ya kawo ƙwazo. Matsalar da take cikinsa ma sananniya ce: mai juya dukiyar ya fi mai ita sanin abin da yake ciki, kuma abin da zai amfane shi ba lallai ne ya zama shi zai amfani mai jarin ba.

Babban kamfani haka yake, sai dai maimakon Alhaji guda, masu jarin dubbai ne, wani lokaci ma sun haura miliyan, kuma ba su san juna ba. Saboda haka doka ta raba iko hawa uku. Masu hannun jari su ne suke zaɓen daraktoci. Hukumar daraktoci ita take tsara alƙiblar kamfani, ta naɗa manajan darakta, ta sa masa ido. Manajan darakta da muƙarrabansa su suke gudanar da aikin yau da kullum. Ƙa'idojin da suke tabbatar da cewa kowane hawa yana ba da bahasi ga wanda ya ɗora shi, su ake nufi idan an ce kyakkyawan shugabancin kamfani.

Dokar da take tafiyar da wannan a Najeriya ita ce Dokar Kamfanoni ta 2020, wadda ake kira CAMA, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Agustan wannan shekara ta maye gurbin ta 1990. Akwai wani abu a cikinta da yakan ba sababbin masu hannun jari mamaki: muddin daraktoci suna aiki cikin hurumin da doka da kundin kamfani suka ba su, da kyakkyawar niyya da taka-tsantsan, ba dole ba ne su bi umarnin taron masu hannun jari. Ma'ana, masu jari ba za su zauna su yanke wa banki wanda zai ba rance ba. Abin da yake hannunsu shi ne su canza mutanen da suke yanke wannan shawara.

Abin da ƙuri'a take iya yi

Dole ne kamfanin da jama'a suke da hannun jari a cikinsa ya kira babban taro kowace shekara, kada tazarar da take tsakanin taro da taro ta wuce wata 15, kuma a aika wa kowa sanarwa aƙalla kwana 21 kafin ranar. A nan ake gabatar da lissafin kuɗin shekara, a zaɓi daraktoci, a naɗa masu binciken kuɗi na waje, a amince da rabon riba. Bisa al'ada kashi ɗaya cikin uku na daraktoci suna sauka a kowane taro, wanda yake son komawa sai ya sake neman ƙuri'a.

Ƙudurori iri biyu ne. Na yau da kullum yana wucewa da rinjayen ƙuri'un da aka kaɗa, kuma da irinsa ake tsige darakta tun kafin wa'adinsa ya cika, idan an ba da sanarwa ta musamman ta kwana 28 kuma an ba shi damar kare kansa. Ƙuduri na musamman kuwa sai ya samu kashi uku cikin huɗu na ƙuri'un, kuma shi ake buƙata a manyan al'amura irin su canza kundin kamfani, canza sunansa ko rage jarinsa. Masu riƙe da kashi goma cikin ɗari na jarin suna da ikon tilasta wa daraktoci kiran taron gaggawa ba sai an jira ƙarshen shekara ba.

Batun riba shi ne inda aka fi samun ruɗani. Daraktoci ne suke ba da shawarar abin da za a raba a kan kowane hannun jari, taron kuma yana iya amincewa ko ya rage, amma ba shi da ikon ƙarawa. Hikimar ita ce kada kwaɗayin yau ya sa a wawashe abin da kamfani zai rayu da shi gobe. Don haka duk hayaniyar da akan yi a zauren taro cewa kwabo talatin ya yi kaɗan, roƙo ne kawai, sai dai daraktoci su riƙe shi a zuciya don shekara mai zuwa.

Sai kuma yadda ake ƙidaya. Da farko akan nemi a ɗaga hannu, kowane mutum ƙuri'a ɗaya. Amma shugaban taro, ko mutum uku daga cikin mahalarta, ko masu kashi goma na ƙuri'u, suna iya neman a ƙidaya bisa yawan hannun jari, kuma da zarar an koma nan, mutum ɗaya mai hannun jari biliyan biyar ya rinjayi zaure cike da mutum dubu. A kamfani irin Dangote Cement, inda kamfanin Dangote Industries yake riƙe da sama da kashi 80, ko kamfanonin BUA da Abdul Samad Rabiu yake da mafi rinjayen kaso, an san sakamakon ƙuri'a tun kafin a buɗe taro da addu'a. Wannan ba laifi ba ne, domin wanda ya fi zuba dukiya shi ya fi fuskantar asara. Sai dai yana nuna cewa a Najeriya babbar tambayar ba ta tsaya ga yadda masu jari za su sa wa manajoji ido ba, ta haɗa da yadda za a kare ƙananan masu jari daga manyansu.

Abin da yake faruwa a zauren taro

Wanda ya taɓa halartar irin wannan taro a wani otal a Legas ya san yadda yake gudana. Tun da safe layi yake kafuwa a teburin rajista, mafi yawa dattawa ne 'yan fansho riƙe da takardar gayyata, ana ba kowa jaka da laima ko kwandon kayan kamfani da takardar karɓar abinci. Rahoton shekara littafi ne mai shafi ɗari biyu ko fiye, kuma da yawa a nan suke fara ganinsa. Idan an zo lokacin tambayoyi, fuskokin da aka saba gani su suke karɓar makirufo, shugabannin ƙungiyoyin masu hannun jari, wasu su yi tambaya mai nauyi a kan bashin da ya maƙale ko albashin daraktoci, wasu kuma su kwashe minti biyar suna yaba wa shugaban hukuma. Kafin azahar an zartar da ƙudurori goma, alhali ƙuri'un da suka yanke hukunci sun riga sun iso ofishin sakataren kamfani kwana biyu da suka wuce, a cikin takardun wakilci da manyan masu jari suka cike.

Duk da haka akwai wata ƙofa guda da doka ta buɗe wa ƙananan masu jari, wadda a ganina ba a ba ta muhimmancin da ya dace da ita ba, wato kwamitin binciken kuɗi. Mutum biyar ne, uku daga masu hannun jari, biyu daga daraktocin da ba sa cikin gudanarwar yau da kullum. Kowane mai hannun jari yana iya gabatar da sunan ɗan takara a rubuce kwana 21 kafin taro, kuma a wannan zaɓe kaɗai doka ta hana a koma ƙidayar yawan jari, hannun da aka ɗaga shi ne hukunci. Kwamitin yana da hurumin duba rahoton masu bincike da tsarin kula da kuɗi na cikin gida, ya yi tambaya kafin a kai lissafi gaban jama'a. Inda gizo yake saƙa shi ne kujerar tana zuwa da alawus da tafiye-tafiye, kuma wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Idan aka zaɓi mutum don yawan magoya baya ba don iya karanta lissafi ba, kwamitin sai ya koma mai buga hatimi, shi ya sa dokar 2020 ta shardanta cewa dukkan mambobi su san harkar kuɗi, kuma aƙalla ɗayansu ya zama ɗan ƙungiyar ƙwararrun akantoci.

Idan manya suka yi karo

Mafi yawan canjin shugabanci na gaske ba a zauren taro yake farawa ba, a kasuwar hannayen jari yake farawa, inda wani mai ƙarfi yake tara kaso a hankali har ya kai matsayin da ba za a iya kawar da kai daga gare shi ba. Doka ta wajabta wa duk wanda ya kai kashi biyar ya bayyana kansa, a banki ma sai da amincewar Babban Banki, wanda kuma ya kai kashi 30 a kamfanin da yake kasuwa dole ya yi wa sauran tayin sayen nasu.

First Bank, wanda asalinsa yake komawa 1894, misali ne da ya nuna abin a fili. A ƙarshen Afrilun 2021 hukumar daraktocin bankin ta sauke manajan darakta Adesola Adeduntan. Washegari Babban Banki, ƙarƙashin Godwin Emefiele, ya rushe hukumar bankin da ta uwar kamfanin, FBN Holdings, wadda Oba Otudeko yake shugabanta, ya mayar da manajan kan kujerarsa, yana mai cewa an yi canjin ba da saninsa ba alhali shi yake tallafe da bankin saboda basussukan da suka lalace. Cikin watannin da suka biyo baya Femi Otedola ya bayyana da kaso mai tsoka, a 2023 kamfanin Barbican Capital mai alaƙa da Otudeko ya sanar da sayen sama da kashi 13, a watan Janairun 2024 kuma Otedola ya zama shugaban hukumar uwar kamfanin. Darussa biyu suke cikin wannan labari. Kujerar shugabanci tana bin wanda ya tara jari, sannan a harkar banki akwai wanda yake sama da masu jari gaba ɗaya, domin mafi yawan kuɗin da banki yake juyawa na masu ajiya ne. An ga haka tun watan Agustan 2009, lokacin da gwamnan Babban Banki na wancan lokaci, Sanusi Lamido Sanusi, ya sallami shugabannin bankuna biyar a rana ɗaya ba tare da jiran taron masu hannun jari ba.

Rikicin kamfanin mai na Oando ya nuna wata hanyar, wato kai ƙara gaban hukuma. A 2017 Alhaji Ɗahiru Mangal na Katsina da kamfanin Ansbury suka shigar da koke gaban hukumar SEC mai kula da kasuwar hannayen jari, suna zargin shugabannin kamfanin da rashin kyakkyawar gudanarwa, zargin da kamfanin ya musanta. Hukumar ta ba da umarnin binciken ƙwaƙwaf. A farkon 2018 Sarkin Kano Muhammadu Sanusi II ya shiga tsakani ya sasanta Mangal da kamfanin, amma binciken bai tsaya ba, kuma a ƙarshen Mayun 2019 hukumar ta haramta wa shugaban kamfanin Wale Tinubu da mataimakinsa riƙe muƙamin darakta na shekara biyar. Sun garzaya kotu ta dakatar da hukuncin, aka yi ta shari'a har zuwa 2021 da aka yi sulhu. Abin da ya fi damuna a wannan dambarwa shi ne halin ƙananan masu jari, waɗanda suka shafe shekaru ba a yi babban taro ba, ba su ga cikakken lissafi a kan lokaci ba, alhali ba su suka haddasa faɗan ba.

Ƙarami yana iya yin tasiri?

Yana iya yi, amma da sharaɗi. A watan Maris na 2025 kamfanin PZ Cussons Nigeria ya nemi a mayar da bashin dala miliyan 34 da uwar kamfanin ta Ingila take binsa ya zama hannun jari, abin da zai ƙara wa uwar kamfanin kaso a kan kusan kashi 73 da take da shi, ya rage na sauran. Ƙudurin bai samu kashi 75 da ake buƙata ba, saboda wani ɓangare na ƙananan masu jari ya ƙi, dole aka ajiye shi. Ko an yarda da hujjarsu ko ba a yarda ba, sun nuna cewa shingen kashi uku cikin huɗu yana aiki idan an samu masu tsayawa a bayansa.

A Amurka an ga abin da ya fi wannan ban mamaki a 2021, lokacin da wani ƙaramin asusun zuba jari mai suna Engine No. 1, wanda kasonsa a kamfanin mai na ExxonMobil bai wuce kashi 0.02 cikin ɗari ba, ya ci kujeru uku a hukumar daraktoci. Bai yi nasara da ƙarfin aljihunsa ba, ya yi ta ne domin ya gamsar da manyan masu juya kuɗin jama'a irin su BlackRock da Vanguard da State Street cewa alƙiblar kamfanin tana jawo asara. Wannan ya kai mu ga wani abu da ya shafi duk ma'aikacin da ake cire wa kuɗin fansho a Najeriya tun bayan gyaran dokar 2004. Kamfanonin da suke kula da asusun fansho suna zuba wani ɓangare na kuɗin a hannayen jarin bankuna da masana'antu, don haka malamin makaranta a Gusau da ma'aikaciyar jinya a Azare, idan suna cikin tsarin, masu jari ne a kaikaice ko da ba su taɓa ganin dillali ba. Waɗannan kamfanoni suna da ƙwararru da yawan ƙuri'ar da za su iya tsayawa gaban kowace hukuma, kuma ya kamata masu fansho su riƙa tambayar yadda ake kaɗa ƙuri'a da kuɗinsu.

Akwai masu ganin cewa yawan matsin lambar masu jari yana da illa, kuma maganarsu ba ta rasa tushe. Mai jarin da ya shigo yau don ya fita baɗi yana iya tilasta a raba ribar da ya kamata a gina sabuwar masana'anta da ita, ko a sallami ma'aikata don lissafi ya yi kyau na ɗan lokaci. Kamfani kuma ba na masu jari kaɗai ba ne a wajen tasiri, akwai ma'aikata da masu ajiya da garin da hayaƙin masana'anta yake sauka a kansa. Sai dai a yanayin Najeriya, ni dai ban ga alamar cewa sa ido ya yi yawa ba. Bankunan da suka durƙushe ba tambayoyin masu jari ne suka kayar da su ba, galibi rancen da na ciki suka ba kansu da abokansu ne ba tare da wani ya ce uffan ba.

Abin da ya shafi mai ƙaramin jari kai tsaye

Ƙarin jari irin wanda bankuna suka yi yana da wani sakamako da ba a cika bayyanawa a talla ba. Idan kamfani yana da hannun jari 100 kana da 10, kashi goma kake da shi, amma idan ya fitar da sababbi 100 ba ka sayi ko ɗaya ba, kasonka ya koma kashi biyar, ƙuri'arka da rabonka na riba duk sun ragu. Shi ya sa akan fara yi wa tsofaffin masu jari tayi gwargwadon abin da suke da shi, kuma wanda ba zai saya ba yana iya sayar da wannan haƙƙi a kasuwa ta hannun dillali maimakon ya bar shi ya wuce a banza. Haka nan ya kamata mai saye ya sani cewa idan kamfani ya rushe, shi ne na ƙarshe a layi. Lokacin da aka soke lasisin Heritage Bank a watan Yunin 2024, masu ajiya aka fara biya ta hannun hukumar NDIC mai inshorar kuɗin ajiya a bankuna, masu hannun jari kuwa sai abin da ya rage bayan an sallami kowa.

A Arewa akwai wata matsala da ta riga duk waɗannan. Iyaye da yawa sun sayi hannun jari tun zamanin dokokin mayar da kamfanoni hannun 'yan ƙasa na 1972 da 1977, wasu kuma a guguwar haɗewar bankuna ta 2004 zuwa 2005, lokacin da bankuna 89 suka koma 25, Bank of the North ma ya narke cikin Unity Bank. Takardun shaidar suna nan cikin adaka tare da takardun gona da na gida, wasu an rubuta sunan Muhammadu a wata, Mamman a wata, adireshin kuma akwatin gidan waya ne da aka daina biya shekara ashirin da suka wuce. Idan mai su ya rasu akan raba gado a manta da su, ko magada su gaji da zirga-zirgar neman takardar izinin kula da dukiyar mamaci. A 2023 hukumar SEC ta ce ribar da masu ita ba su karɓa ba ta kai kimanin naira biliyan 190 a faɗin ƙasa, kuma a ƙarƙashin Dokar Kuɗi ta 2020, abin da ya shekara shida ba a karɓa ba ana mayar da shi wani asusun amana da gwamnati take aro daga ciki, ko da yake mai shi yana iya nema daga baya. Kowace irin wannan takarda da take kwance ƙuri'a ce da ba a kaɗawa.

Gyaran yana farawa ne daga ofishin magatakardan da yake riƙe da rajistar masu jarin kamfanin. A can ake daidaita suna da lambar BVN, a cike takardar da za ta sa riba ta riƙa faɗawa asusun banki kai tsaye, a ba da lambar waya da adireshin imel don sanarwar taro ta riƙa isowa, tsohuwar takarda kuma a mayar da ita asusun CSCS, wato ma'ajiyar hannayen jari ta na'ura, ta hannun dillali. Nisan Legas ma ya daina zama cikakken uzuri, domin tun daga dokar sauƙaƙa kasuwanci da aka sa wa hannu a Fabrairun 2023, an halatta wa irin waɗannan kamfanoni yin babban taronsu ta intanet, kuma wanda ba zai samu halarta ba yana iya cike takardar wakilci ya nuna ƙudurin da ya amince da shi da wanda ya ƙi, ya aika kafin wa'adin da aka rubuta a jikin sanarwar, wanda galibi sa'a 48 ne kafin taro.